Wa Ke Gaya wa Motar Monita Hanyarmu?

Tun kafin ku yi nisa bari in faɗa muku, tarkon da na ɗana ranar Alhamis ya kama, amma ba wanda na ɗana wa ba, kuma tun ranar abinci bai sake yi min daɗi a baki ba. Masu rubuto min cewa na cika fargaba, ku karanta wannan tukuna, sai ku yi min dariyar da hujja.

Ga waɗanda yau suka fara biyo ni, sunana Nagumo Shigeto, shekarata hamsin da shida, mai awara ne ni a garin Ashinuma. Kakana ya buɗe shagon, mahaifina ya gaje shi, ni kuma na shiga ciki washegarin ranar da na gama sakandare, wadda da ƙyar ma na gama ta. Shagon a ƙasa yake, mu a sama, shi ya sa har tabarmin ɗakinmu ƙamshin dafaffen waken suya suke yi. Shekara ashirin da biyar ina ɗaure akwatin awara a bayan babur ina bin unguwanni ina busa ƙaho. Babu tsohuwar da ban san wace gwiwa ce ke damunta ba.

Bas ce ta jefa ni siyasa. Shekarar da aka soke wadda ke hawa ƙauyukan kan dutse, tsofaffin da ke saye a wurina suka rasa yadda za su sauko asibiti. Na je taron gari don in saurara kawai, sai na tsinci kaina a tsaye ina jero sunayensu da ranar da kowacce ke ganin likita. Kafin wata ya ƙare sun yanke cewa zan tsaya kansila. Ni ba su tambaye ni ba, matata Yoriko suka tambaya. Na yi zango uku a majalisar gari. Na dawo da ƙaramar bas, na sa an rufe kwatocin bakin makaranta, na koyi karanta takardun majalisa da ƙamus a ɓoye a kan cinyata. Abu ɗaya ne tsofaffin ba su yafe min ba, dusar wake. Da kyauta nake zuba musu, da na hau kujera doka ta hana ni ba mai ƙuri'a kyautar komai, har yau suna cewa mulki ya mai da ni marowaci.

Bana mutanena suka ce in nemi majalisar jiha. Kujera ɗaya ce a mazaɓarmu, kuma ranar da na miƙa takardar takara, kujerar kansila ta bar hannuna. In na ci, rabin rayuwata ta koma babban birni, tafiyar awa biyu a jirgin ƙasa. In na faɗi, ba ni da wata kujera sai ta katakon da ke bayan tukunya.

To wa ke riƙe da tukunyar duk shekarun nan? Chinatsu, 'yata, ita kaɗai muka haifa. Shekarar da na shiga majalisa ta gama sakandare, ta ce za ta riƙe min shagon kafin in saba da aiki. Wannan "kafin" ɗin ne har yau, ga shi ta cika talatin. Ni kuwa lissafina a shirye yake tun tuni: a samo suruki, ɗa na biyu ko na uku a gidansu, wanda babu gadon da ke jiransa, ya shigo gidanmu ya ɗauki sunan Nagumo, shago ya ci gaba. Uku na kawo mata. Kowanne ta tarbe shi da fara'a, ta zuba masa shayi, ta ce ya dawo gobe ƙarfe huɗu na asuba ya taya ta wanke wake. Ba wanda ya dawo. Na ukun ma garin ya bari, ko da yake an ce canjin wurin aiki aka yi masa.

Kamfen kwana tara ne. Motarmu fara ce, lasifika huɗu a kanta, sunana a kowane gefe da manyan baƙaƙe. Ni ina gaba, kyallen sunana rataye daga kafaɗa zuwa ƙugu, farar safar hannu a waje ina ɗaga wa mutane, har da karnuka in ba mutane. Direba Yaya Bunji ne, wan matata, tsohon ɗan tasi. A baya Chinatsu ce riƙe da makirufo, cikin koriyar rigarmu mai launin ɗanyen wake, tana kiran sunana daga takwas na safe zuwa takwas na dare. Ita da kanta ta nemi aikin, ta ce babu dalilin ɗauko baƙuwa. Har hawaye na yi ranar, ku ji fa.

Abokiyar karawata Kuramochi Sumie ce, mai riƙe da kujerar zango biyu, tsohuwar shugabar makaranta. Ajinmu ɗaya a firamare. Ita ce monita, ita ke rubuta sunayen masu surutu, kuma sunana ne kullum a sama. Har yau in ta dube ni ta saman tabarau sai in ji kamar ban yi aikin gida ba. Motarta ruwan hoda ce, kuma bana namiji ne ke mata lasifika, irin waɗanda muke ce wa hankaka. Wani dogo mai faɗin kafaɗa, murya kamar daga cikin randa.

Kun san yadda ake yi in motocin 'yan takara biyu suka haɗu a hanya. Kowa ya rage sauti, ya bar kiran sunan nasa, a gaisa ta lasifika, a yi wa juna fatan alheri, sannan a wuce. Ranar farko sau biyu muka haɗu da su. Chinatsu ta ce, "'Yar takara Kuramochi, muna yi miki fatan alheri a wannan gwagwarmaya," hankakan ya mayar da irinta. Na ji daɗi, na ce ga tarbiyya.

Rana ta biyu sau huɗu. Ta uku sau bakwai. Ranar Litinin na fara zana layi a bayan hannuna da biro, kafin magariba na ƙirga goma sha ɗaya. Mazaɓar da sai ka yi awa guda da rabi a mota kafin ka ratsa ta, amma duk inda muka karya kwana sai ga hoda. Bakin gada, hoda. Gaban kanti, hoda. Bayan injin casar shinkafa, inda babu kowa sai tsuntsaye, hoda.

Gaisuwar kuma sai tsawo take ƙarawa. Chinatsu ta fara haɗawa da a yi tuƙi a hankali, akwai kwana a gaba. Shi kuma ya ce sun gode, a riƙa shan ruwan ɗumi saboda maƙogwaro. Ran Talata ta ce iska ta yi sanyi, a rufe wuya. Ya ce an rufe. Na leƙa ta madubi, ga ta nan ta saka jan baki, da wani ɗan ƙarfen gashi mai siffar fure a gefen hula, alhali mai lasifika ba a ganinta, muryarta kawai ake ji. Na ce a raina yarinyar nan ta san darajar aikin ubanta. Tsofaffi suka fara fito da kujeru bakin gada wajen goma da rabi. Ɗaya ta riƙe min hannu ta ce ba ta taɓa jin zaɓe mai daɗin sauraro irin na bana ba, har ta daina kallon wasan talabijin ɗinta na safe. Na rusuna na yi mata godiya. Ni a zatona jawabina take nufi.

Abin da ya tsaya min a rai daban ne. Duk haɗuwa ɗaya kusan minti guda ne ba a kira sunana ba, kuma duk inda na je Monita ta je, duk hannun da na gaisa da shi ta gaisa da shi. Takardar hanyarmu kuwa mutum kaɗan ke ganinta. Wani na kai musu labari. Na bi kowa a kaina, na tsaya a kan Yaya Bunji. Matarsa da ƙanwar Monita ajin koyon waƙa ɗaya suke zuwa duk Laraba, kuma tun ranar aurenmu yake cewa ƙanwarsa ta fi ƙarfin mai awara. Na fara dubansa ta gefen ido. Ya tambaye ni ko wani abu ne a fuskarsa, na ce a'a, ina dai kallon yadda yake son bakin gada ne. Ya ce takarda yake bi, in ina da wata hanyar in sauko in tuƙa.

Ranar Alhamis da safe muna zaune a ƙaramin tebur, ga shinkafa, ga miyar miso, wato daddawar waken suya, da awarar safe a ciki, Chinatsu ta hau daga shago gashinta ɗaure da tawul. Na rufe ƙofa, na rage murya, na zayyana musu dabarata. Yau ƙarfe biyu za mu bar abin da ke takarda mu hau Okuhata, ƙauyen ƙarshe a kan dutse, gida tara, inda babu ɗan takarar da ke ɓata mai ya je. Bunji ba zai sani ba sai mun kai mararraba. In hoda ba ta zo ba, to an gane bakin da ke yoyo, kuma ranar zan karɓi makullin mota a hannunsa, duk abin da dangi za su ce su ce.

Yoriko ta ajiye sandunan cin abincinta ta dubi 'yarta. 'Yar ta dubi miya.

"Dabara ce mai kyau, Baba," in ji Chinatsu. "Ƙarfe biyu ka ce?"

"Biyu daidai."

Na sauka ina jin kaina kamar ɗan sandan ciki.

Hanyar Okuhata ta mota ɗaya ce, dutse a dama, gangare da gonakin shinkafa a hagu, ba a ma sakar musu ruwa ba tukuna. Da na ce wa Bunji ya karya can, sai ya tambaya ko birai sun fara jefa ƙuri'a ne bai ji ba. Na ce ya tuƙa kawai. Muka yi ta hawa, Chinatsu na kiran sunana, dutse na mayar mata. Biyu saura minti biyar muka wuce gidan farko. Babu hoda. Biyu saura minti biyu, babu hoda. Na gyara kyallena, na fara tsara kalmomin da zan faɗa wa Bunji, masu nauyi amma ba na cin mutunci ba, don ko ba komai zan ci gaba da ganinsa duk sabuwar shekara.

Muna shan kwanar ƙarshe sai ga hoda tana saukowa ta ɗaya hanyar, ta bayan dutse. Bunji ya taka birki. Hancin mota ya tsaya dab da hancin mota, ko keke ba zai ratsa tsakani ba.

A bayana na ji an kunna makirufo.

"'Yar takara Kuramochi, muna yi miki fatan alheri."

Muryar randa ta fito daga can: "Ɗan takara Nagumo, mun gode. Ina neman izinin in sauko."

Ban ba da izini ba. Na juya baya a hankali. Chinatsu ta kashe makirufo, ta miƙo min wayarta a buɗe, kamar mai miƙa rasit. Na laluba tabarau. Hirarta ce da hankakan, saƙon ƙarfe bakwai na safiyar nan ne a ƙasa:

"Okuhata, ƙarfe biyu. Sa farar riga a ƙarƙashin ta kamfen. Baba zai ɗora wa Kawu laifina."

"Tsoro nake ji."

"Nasa zai fi naka. Kada ka kawo tuffa, cewa zai yi cin hanci ne."

Yatsana ya ja sama ba da izinina ba. Gada, goma da minti arba'in. Gaban kanti, sha ɗaya da kwata. Ka yi aski. Baba ya yi barci a zaune amma hannunsa na ta ɗagawa shi kaɗai. Na yi kewarki. Minti ashirin da suka wuce ka gan ni. Shi ne ai.

Bunji ya leƙo ta kafaɗata ya karanta iya abin da ya ishe shi. Ya kashe mota, ya naɗe hannu a ƙirji, ya ce ashe shi aka hau dutse a kama. Da ya zage ni da ya fi min sauƙi.

Monita ce ta fara saukowa, rigar hoda, takalmin gudu fari tas, tabarau a kan karan hanci. Dole na sauka. Muka rusuna wa juna a gefen gangare kamar mutanen kirki.

"Shigeto, kai ma sai yau ka gane?"

"Ke kin sani?"

"Tun Lahadi. Mai lasifikar nan ɗan ƙanena ne, shi ke riƙe min taswira. Sau uku ya kai ni bayan injin casa in yi wa tsuntsaye jawabi. Na bari ne in ga kwana nawa zai ɗauke ka. Ba ka canza ba, kai ne na ƙarshen miƙa takarda."

"Mako guda ana ɓata mana kamfen kina kallo, Monita."

"Ɓatawa? Ka taɓa tara mutane a bakin gada kamar na bana?"

Sai ga dogon ya zo ya tsaya gabana, farar kwala ta leƙo ta wuyan rigar hoda, ya rusuna har na ga tsakar kansa. Ya ce sunansa Takuma. Ya ce sun haɗu da Chinatsu kaka biyu da suka wuce a kasuwar baje amfanin gona, rumfarsa na kallon tata, shi tuffa ita awara. Ya ce gonarsu tana jihar arewa, awa huɗu daga nan, hutu ya ɗauka ya zo taya gwaggonsa. Tambaya ɗaya kawai na yi masa, shi ɗa na nawa ne a gidansu. Ya ce shi kaɗai ne. Mahaifinsa ciwon baya ya hana shi aiki, bishiya ɗari shida na jiransa.

Wato ba mai shigowa ba ne. Mai ɗauka ne.

Ya ce, "Baba, ina so in zo gida in gaishe ku yadda ya kamata."

Na ce masa ni ɗan takara Nagumo ne har ƙarfe takwas na daren Asabar, ba ni da ɗa mai rigar hoda. Na ƙara da cewa doka ta hana ɗan kamfen shiga gidan mai ƙuri'a, in ya taka min ƙofa zan kai ƙara hukumar zaɓe. Monita ta dube ni ta saman tabarau ta ce dokar neman ƙuri'a gida-gida ta hana, ba neman aure ba, in ina so ta karanta min sashen. Na ce ba na so.

Duk wannan abin wani tsoho na jingine da fartanya a gonarsa yana kallonmu. Da muka tuna aikinmu, ni da Monita muka yi rige-rigen gangarawa mu gaisa da shi, har takalminta ya cika da laka. Ya karɓi hannunmu duka biyu, ya ce ya riga ya jefa tasa a rumfar masu jefawa kafin ranar zaɓe tun Litinin da ya sauka asibiti a ƙaramar bas, amma mu ci gaba, ya daɗe bai ga abin kallo ba. Ya nuna Takuma da haɓa ya ce yaron yana da kafaɗar aiki.

Saura wa zai ja da baya. Direban Monita ya ce bayansa kwana ce mai haɗari. Bunji ya ce shi ɗan leƙen asiri ne, ba a koya masa ribas ba. Sai da na tsaya a bakin tagarsa, gaban abokiyar karawata, na rusuna na ba shi haƙuri da cikakkun kalmomi, sannan ya tada mota. Muka yi ta saukowa da baya kusan rabin kilomita, hoda na bin mu hanci da hanci, kuma 'yata ta kunna makirufo ta ci gaba da kiran sunana kamar ba abin da ya faru.

A gida na tsare Yoriko a kicin. Ko musu ba ta yi ba. Ta ce ta sani tun bara, matar Bunji ta sani, mai kai wasiƙu ya sani, tsofaffin bakin gada har sun raba kansu gida biyu a kan ko bikin a nan za a yi ko a arewa. Ta ce tuffar da na yi ta ci duk hunturu ina yabawa, ina zaton daga sama take faɗowa? Na tambaye ta me ya sa ba wanda ya gaya min. Ta ce an gwada, sau biyu, duka biyun ina duba takardar majalisa ina cewa "to, to."

Washegari Juma'a na sauka shago ƙarfe huɗu na asuba. Rabon da in yi haka har na manta. Chinatsu na can cikin tururi, takalmin roba har gwiwa, ta riga ta niƙa wake. Sai a lokacin ya faɗo min cewa duk kwanakin nan tana gama wannan ne sannan ta hau mota ta yi awa goma sha biyu tana kiran sunana. Na nemi ludayi inda mahaifina ke rataye shi, babu. Ta nuna min sabon wurinsa ba ta ko juyo ba. Na tsoma hannu a kwamin ruwan sanyi in ɗauko awara, sanyin ya hau min har haƙori, na fitar da sauri. Ta yi dariya ta ce hannun ya zama na safa.

Na ce mata ai da ta faɗa min. Na ce shagon nan shekararsa saba'in da ɗoriya, hoton kakanta na sama ana ajiye masa yankan farko duk safiya, wa zai ajiye in ta tafi. Na ce abubuwa da yawa, wasu ma jawabin kamfen ne suka ɓullo ba da niyya ba. Ta bar ni na gama, tana zuba ruwan ɗacin da ke sa madarar ta kama, tana juyawa a hankali yadda ni na koya mata, sai dai ta fi ni.

"Baba, shekara goma sha biyu kana bin garin nan kana tambayar mutane me ke damunsu. Har littafi gare ka. Ni ce kaɗai ba ka taɓa tambaya ba, ga shi bene ɗaya muke kwana."

Na rasa inda zan sa idona, sai na sa shi a tukunya.

Ta ce ba faɗa take yi ba, so take in san yadda abin yake. In na ci, ba za ta bar shagon ya rufe ba, za ta zauna ta riƙe shi shekara huɗun, ta riga ta gaya wa Takuma. Shi kuma ya ce zai jira, amma ita ta ga mahaifinsa, ta ga gonar, ta san ba gida ba ne mai iya jiran shekara huɗu. In na faɗi, na dawo tukunyata, ita kuma bayan girbin tuffa za ta tafi. Na tambaye ta wanne take so a ciki. Ta ce wannan tambayar ta makara da shekara goma sha biyu, amma ta ji daɗi da na yi ta. Sannan ta miƙo min wuƙa ta ce in yanka na kaka, tunda na sauko.

Ina tsammanin daga ranar muryarta za ta yi sanyi a mota. Ina! Juma'a da Asabar ta kira sunana yadda ba ta taɓa ba. A gaban tasha ta ajiye takardar da aka rubuta mata, ta ba da labarin bas da ƙamus ɗin kan cinya, wanda ban san ta sani ba, har wata mata ta share ido. Hoda kuwa sau ɗaya kacal muka haɗu da ita a kwana biyun, gaisuwar ma gajera, tsofaffin bakin gada suka kwashe kujerunsu suna harararmu. Takwas na daren Asabar ta kashe makirufo, ta naɗe wayarsa, ta ce min sannu da ƙoƙari, da muryar da ta dishe har ba ta fita.

Yau Lahadi. Ɗan takara ba shi da aikin yi ranar zaɓe, ko wannan rubutun ba zan sake shi ba sai an rufe rumfuna. Na ce mata ta yi barcinta, ni zan yi awarar yau. Ta ɗan yi ruwa-ruwa, kuma mai sayen farko ta ɗaga ta a tafin hannu ta tambaya ko Chinatsu ba ta da lafiya ne.

Wajen ƙarfe tara suka sauko ita da uwarta za su makarantar firamare jefa ƙuri'a. Ta sa shuɗiyar riga, babu kore babu hoda a jikinta, na duba har jaka. A wurinmu da hannunka kake rubuta sunan wanda ka zaɓa, da fensir, kai kaɗai a bayan allo. Na raka su bakin ƙofa ina goge hannu a tawul, bakina cike da magana. Abin da ya fito shi ne su kula da matakalar makarantar, ta uku ta fashe. Chinatsu ta ce ta sani, ni na sa aka gyara ta shekara biyar da suka wuce.

Sun dawo yanzun nan, suna sama suna shan shayi, ina jin dariyarsu ta cikin katako. Katin zaɓena yana aljihun rigar aikina, ya ɗan jiƙe a gefe. Ban san sunan da 'yata ta rubuta ba, ban san na uwarta ba. Ni ma ban je ba tukuna, kuma har yanzu ban san wanda zan rubuta ba.